Tukunya Ɗaya, Magada Takwas: Nazarin Wani Gandu a Gefen Zariya

A Zariyar yau, saurayi na yin aure zai kama ɗaki da falo a Tudun Jukun ko Gwargwaje ko Hayin Dogo, ya riƙa auno tiyarsa a kasuwa, matarsa ta ɗora tukunyarta ita kaɗai. Zaman gandu, wanda a da shi ne zaman kowa, ya koma abin da sai an zauna an yi shawara kafin a zaɓe shi, wanda ya zaɓa kuma sai ya sha tambaya wajen abokansa. Wannan nazari ya ɗauki gida ɗaya misali, irin wanda duk mai zirga-zirga a ƙauyukan gefen gari ya sani, ya bi lissafinsa daga rumbu zuwa murhu, don a ga inda irin wannan zama yake tsayawa da ƙafarsa da inda yake tsagewa.

Gandun da kakanninmu suka yi yarjejeniya ce mai sharuɗɗa, ko da ba a rubuce take ba. 'Ya'ya ko ƙanne suna aiki a gonar gandu daga safe zuwa azahar a ranakun da aka sani, yamma da ranar Juma'a kuma nasu ne, su tafi gayaunarsu, abin da ya fito a can babu mai tambayarsu. Shi kuma mai gida wajibinsa ne ya ba da iri da fartanya, ya ciyar da kowa, ya biya wa kowa haraji, ya yi wa yaro auren fari. M. G. Smith ya tarar da wannan tsari a ƙasar Zazzau lokacin bincikensa na 1949 da 1950, haka ma David Norman da abokan aikinsa na cibiyar binciken aikin gona ta Samaru, da suka bi ƙauyukan Hanwa da Doka da Ɗan Mahawayi a tsakiyar shekarun 1960 suna rarrabe gidajen gandu da na iyali guda. Daga baya ginshiƙan suka riƙa zarewa ɗaya bayan ɗaya. Gwamnatin Balarabe Musa ta soke haraji da jangali a 1979, takin zamani ya mai da noma harkar tsabar kuɗi, aikin albashi da kabu-kabu suka ba yaro kuɗin da bai bi ta hannun uba ba. Hanwa kuwa gari ya haɗiye ta. Saboda haka duk wanda ya ce zai yi gandu yau, tukunyar kawai ya gada. Sharuɗɗan sai ya ƙera sababbi da kansa.

Gidan da dukiyarsa

Gidan yana cikin ƙauyukan da ke bin gaɓar kogin Galma. Mai gidan ya rasu ya bar mata ɗaya, Hajiya, da 'ya'ya maza huɗu da mata uku, iyayensa kuma sun riga shi. Ya bar gonar tudu hekta 5 da rabi, fadama rabin hekta, shanun huɗa biyu da garmarsu, da injin ban ruwa ɗaya. In aka kasa gadon kashi 88, Hajiya tana da tumuni, wato kashi 11, kowane namiji 14, kowace mace 7. A ƙasa, wannan na nufin namiji bai cika hekta guda ba, mace kuma ba ta cika rabi ba. Shanu biyu ba sa rabuwa takwas, inji ma haka. Wannan lissafi da maganar Hajiya cewa kada a sa igiya a gonar tana raye, su suka sa aka ci gaba da zama tukunya ɗaya.

Babban wa manomi ne tsantsa, matansa biyu, 'ya'ya bakwai. Mai bi masa manomi ne shi ma, shi ke riƙe da fadama da rani, 'ya'yansa uku. Na uku malamin firamare ne a cikin gari, ɗansa ɗaya. Autan maza yana jan Keke tsakanin Kwangila da Sabon Gari, Keken kuma ba nasa ba ne, kullum sai ya kai wa mai shi balas. Shi ma ɗansa ɗaya. Mata biyu suna gidajen aurensu, ta ukun aurenta ya mutu ta dawo da yara biyu. Manya 11 ke nan, yara 14.

Ga lissafin ciki. Babba yana cin kusan rabin kilo na hatsi a yini, yaro a ɗauka rabin haka in an haɗa manyansu da ƙananansu. Bakin gidan ya zama 18, wato kilo 9, a ce tiya 4 don kada a yi ƙwauro. Buhu mai kilo 100 yana ɗaukar tiya 40 ko kusa da haka, don haka buhu guda kwana goma ne, shekara kuma buhu 37. A ƙara bakwai saboda azumi, baƙi, almajirai da sadaka, ya zama 44. Duk gandun da bai san wannan adadi nasa ba tun ranar da aka gama sussuka, a makance yake tafiya.

Ga kuma na gona. Sun sa masara hekta 2, dawa hekta 1 da rabi, waken suya hekta 1, sauran hekta gudan aka yanka gayauna. Masara a ƙasar Zariya, inda ruwan shekara yake kai milimita 1,000 da ɗoriya tsakanin Mayu da farkon Oktoba, tana son buhu 8 na NPK 15-15-15 a hekta cikin mako biyun farko bayan shuka, sai kusan buhu 3 na yuriya a mako na biyar zuwa na shida. Da iri mai kyau irin na SAMMAZ, kilo 20 a hekta, kunya da kunya santimita 75, ana iya sa ran buhu 25 zuwa 30. In aka rage takin rabi, amfanin ma yakan ragu. Ke nan kafin a ci loma ɗaya, gandun yana bukatar kuɗin buhu 22 na taki don masara kaɗai, akwai kuma shekarun da buhun taki yake fin buhun masara tsada da kaka. Tazarar da ke tsakanin isa da rashin isa siririya ce ƙwarai.

Yadda rumbu ya ƙare a watan Yuli

Shekarar farko lafiya aka yi ta, don zafin rashi yana haɗa kai, kowa yana jin kunyar ya yi magana. A ta biyu aka fara gunaguni a ɗakuna. A ta uku, ƙarshen Yuli, lokacin da hatsi ya fi tsada a kasuwar Giwa da ta Sabon Gari, sabuwar masara kuma saura wata biyu, aka buɗe ɗakin ajiya aka tarar da buhu ɗaya da rabi. Nan take zargi ya faɗa kan babban wa, tun da makulli a aljihunsa yake.

Da aka zauna gaban kawunsu aka bi abin buhu-buhu, babu sata ko ta tiya guda. An girbe buhu 70, masara 55 da dawa 15. Zakka ta ɗauki 7. An sayar da 17 tun da kaka, a farashi mafi arha na shekara, don biyan bashin taki da 'yan ƙodago. Bikin wata 'yar gidan ya ci 4, suna biyu suka ci 3. An aika wa 'yan'uwa mata biyu da ke gidan miji buhu ɗai-ɗai. Ƙwaro ya lalata kimanin 3 saboda an ɗinke masarar ba ta gama bushewa ba. Saura 34. Ko da an tsaya a tiya 4, da ba za su kai shekara ba. Sai ga shi awon yini ya haura tiya 5 ba wanda ya lura, domin kowace mai girki da kwanonta take ɗiba, kuma babu wadda take so a ce tuwonta bai isa ba. A tiya 5, buhu kwana takwas ne. Buhu 34 kwana 272 ne, daga Nuwamba zuwa ƙarshen Yuli daidai.

Wannan lissafi ya wanke babban wa daga zargi, amma ya tono abin da kowa yake haɗiyewa. Sashensa yana da baki 6 da rabi cikin 18, fiye da sulusin tukunya, alhali rabonsa a gona bai cika ɗaya cikin shida ba. Shi kuma amsarsa a shirye take: shi da samarinsa biyu ne suke kunya daga shuka har girbi, malam sai hutun makaranta ake ganinsa, auta kuwa bai taɓa kama fartanya ba tun da ya hau Keke. Malam ya ce ai shi ke sayen magi da manja da biyan kuɗin niƙa, ba a taɓa rubuta masa ko sisi ba. Auta ya ce tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023, in ya kai balas ya sha mai, abin da ke saura bai taka kara ya karya ba. Kowannensu gaskiya ya faɗa. Matsalar ita ce gumi da albashi da baki ba a taɓa ɗora su a ma'auni ɗaya ba, don haka kowa yana ganin shi ne ake ci da guminsa.

A ɓangaren mata abin ya fi zurfi, kuma shi ne aka fi raina wa. Faccaloli biyar suna girki kwana bibbiyu. Dafa wa mutum 25 aiki ne na yini guda cur: surfe, wanki, kai niƙa, tankaɗe, tuƙa tukunyar da sai an tsaya a kanta da ƙarfi. Matar auta mai jariri ɗaya tana yin wannan kwana biyu cikin goma, daidai da uwargidan babban wa mai 'ya'ya biyar. Kwanan girkin gida kuma ya riƙa cin karo da rabon kwana tsakanin matan babban wa biyu, har ta kai wadda ke da miji ba ita ke da tukunya ba. In ɗaya ta haihu ta shiga wankan jego na kwana arba'in, nauyin ya faɗa kan 'yar gidan da ta dawo, wadda ba ta cikin jerin kuma ba a taɓa ce mata sannu ba. Ga matar na biyu tana yin awara ta sayarwa da waken suyan ɗakin ajiya. Al'ada ta ce sana'ar mace tata ce, gaskiya ne, amma waken na kowa ne.

Akwai kuma hakkin da ya fi duk waɗannan nauyi, wanda babu mai ɗaga murya a kansa. Mata biyun da ke gidan aure suna da kashi 14 cikin 88 na gonar, daidai da rabon namiji guda, shekara uku ana nomawa ana aika musu buhu ɗai-ɗai da sunan alheri. Wannan cin hakki ne ko da an yi shi da fara'a, kuma shi ne yake kai gidaje da yawa kotun shari'a bayan shekara ashirin, lokacin da 'ya'yansu suka girma suka fara tambaya.

Gyaran da aka yi

Matakin farko, an kira malami masanin gado ya fitar da kason kowa, aka rubuta, magada takwas suka sa hannu gaban mai unguwa da shaidu biyu, kowa ya riƙe kwafi. An rubuta kaso ne cikin 88, ba a kafa turaku a gona ba, kuma da gangan aka yi haka. Muddin ƙasa ba a yanka ta an fitar da iyakoki ba, abokin tarayya yana da hakkin shuf'a, wato in ɗaya ya sayar da rabonsa ga bare, sauran suna da ikon karɓa a farashin da aka sayar. Ana kafa iyaka wannan hakki ya faɗi.

Na biyu, gandun ya koma mai hayar gona a hannun magada. An tambayi abin da ake biyan hayar hekta a ƙauyen, aka lissafa wa Hajiya da mata uku nasu, ana ba su a hannu kafin shuka. Da farko an so a biya da buhunan masara, malamin ya hana, domin a mazhabar Malikiyya ba a ba da hayar ƙasa da abinci ko da abin da take tsirarwa. Sai aka mai da shi kuɗi. Ya kuma ja hankalinsu cewa a amfanin gona na tarayya, rabon kowane abokin tarayya ake dubawa ko ya kai nisabi, wanda yake awsuƙi 5, tsakanin buhu shida da bakwai, ba jimillar tarin ba. Bashin shekara ukun baya, matan biyu suka yafe rabi da bakinsu, aka biya rabi.

Na uku shi ne ma'auni ɗaya. An mai da komai tiya, saboda naira ba ta tsayawa wuri guda. Yinin aiki daga ƙarfe bakwai zuwa azahar ana rubuta shi da kuɗin ƙodagon ranar, a juya shi tiya a farashin kasuwar makon. Aikin samari ana rubuta wa ubansu. Abin da malam ko auta ya kawo na cefane, shi ma a juya. A ɗaya shafin kuma ana rubuta abin da kowane sashe ya ci gwargwadon bakunansa, cin Hajiya a raba wa maza huɗu daidai tun da ciyar da ita wajibinsu ne. Da kaka a haɗa. Wanda cinsa ya fi abin da ya kawo, ya cika daga gayaunarsa ko aljihunsa. Wanda ya kawo fiye, a ba shi daga rarar. Littafin yana hannun malam, makullan ɗakin ajiya biyu ne, ɗaya wajen babban wa, ɗaya wajen Hajiya. Mai littafi ba ya riƙe makulli. Da aka fara wannan, sai ga shi babban wa da samarinsa suna biyan bakinsu har da ɗan saura, abin da ya rufe bakin masu gunaguni fiye da duk wani wa'azi.

Wasu za su ce rubuta wa ɗan'uwa yinin aiki rashin kunya ne, zumunci ba ciniki ba ne. Mu a ganinmu zargin da ake kwana da shi a zuci ya fi littafi ɓata zumunci. Ash'ariyawan da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yaba, in abincinsu ya yi ƙaranci sukan tara abin da ke hannunsu a mayafi ɗaya, sannan su raba daidai da ƙwarya guda. Har a wannan misali na tarayya akwai ma'auni.

Na huɗu, ajiya. Ana ware buhu 44 na ci tun ranar sussuka, kafin a yi maganar sayar da ko ɗaya. Masara sai ta bushe har ƙwaya ta fashe ƙaras a haƙori, sannan a zuba a buhun PICS mai ruɓi uku, a matse iska, a ɗaure kowace leda daban, a jera kan katako nesa da bango saboda danshi da ɓera. Ledar da ta huje ko da ƙaramin rami ne ta daina aiki, a canza ta. An rubuta wa buhunan yau da kullum lamba 1 zuwa 37 da fenti. Buhu guda kwana goma ne, saboda haka in an buɗe na 19 kafin wata shida ya cika, kowa ya san an zarce, tun da sauran lokacin gyara. Kwanon awo ɗaya ne, a rataye a ƙofar ɗakin. Biki da suna ba sa taɓa waɗannan buhuna. Gandu yana ba da buhu ɗaya ga suna daga cikin bakwai ɗin nan na azumi da baƙi, sauran na mai hidima ne.

Tukunyar kanta an rage mata nauyi. Kokon safe da tuwon dare na tarayya ne, tiya 3 a yini. Tiya ta huɗu ana tara ta, a raba wa ɗakuna gwargwadon baki a farkon kowane zagaye, kowace mace ta dafa abin rana yadda take so. Wannan ƙaramin canji ya kashe rigima mai yawa, don mace tana son ta ga ranar da za ta dafa wa mijinta da 'ya'yanta abin da ta ga dama ba tare da ido a kanta ba. An raba girkin gida da rabon kwana. 'Yar gidan ta shiga jeri da sunanta, mai jego kuma sauran ke karɓar kwanakinta bi da bi. Mai awara tana sayen wake a ɗakin ajiya a farashin kasuwa, a rubuta, ribarta tata.

Bashin taki aka magance shi da waken suya da fadama. Waken ba a sayar da shi da kaka, ana riƙe shi zuwa bazara a sayi taki da kuɗinsa tun kafin ruwa ya sauka. Ana kuma juya gonakin, inda wake ya kwana bana masara ta shiga baɗi, abin da ke rage wuta-wuta ya kuma bar wa ƙasa ɗan ƙarfi. Fadama an daina zuba mata tumatir kaɗai, tun da kowa ya ga yadda tsutsar nan mai suna Tuta absoluta ta share gonakin tumatir a jihar Kaduna a 2016. An raba ta da albasa da masarar rani.

Abin da bai warware ba

Dillalan filaye sun iso bakin gonar. Hekta guda tana ba da fuloti kusan 15 masu ƙafa 50 da 100 in an cire hanyoyi, kuɗinsu kuma ya ninka abin da noma zai bayar a shekaru masu yawa. Auta ya zo ya durƙusa gaban babban wa ya ce, Yaya, a fitar mini da nawa in sayi Keke in huta da balas. Hakkin shuf'a yana nan, amma ba shi da amfani ga wanda ba shi da kuɗin karɓa a farashin fuloti. Abin da aka iya yi shi ne yanke rubu'in hekta a gefen hanya, da yardar duk magada a rubuce, aka sayar, aka cire ƙimarsa daga kason auta, ya ci gaba da zama a gandu da ragowar. An kuma sa sharaɗin fita: mai son fita ya faɗa bayan girbin dawa, mutum uku na waje su yi ƙima, a biya shi cikin kaka uku. Gonar har yanzu ba ta da takardar mallaka ta KADGIS, hukumar filaye ta jihar Kaduna, kuma a wurin da awon igiya ya kewaye, wannan haɗari ne da ya kamata a rufe da wuri, tun da dokar filaye ta 1978 ta sa ƙasa a hannun gwamna.

Babban ɗan babban wa ya kai aure. A tsohon tsari gandu ke yi masa, shi ma ya yi wa gandu aiki tun yana ɗan shekara goma sha biyu. Amma an riga an rubuta wa ubansa wannan aiki a littafi, malam kuma yana tambaya ko gandun zai biya kuɗin makarantar ɗansa in lokaci ya yi, tun da shi ba gona zai tura shi ba. An amince a ba yaron ɗaki a cikin gida da buhu 3, a kuma ba kowane ɗa na gidan irin haka a aurensa na fari. Ko amaryarsa za ta shiga jerin girki ta zama ta bakwai, da ko shi zai samu shafinsa a littafi ko ya ci gaba da zama ƙarƙashin na ubansa, an ɗage maganar zuwa zaman bayan girbin dawa. Hajiya ta ce a yi zaman a ɗakinta, kuma a kira mata biyun da ke gidan aure su zo da kwafin takardarsu.